Bakin da Rabi Ta Saka wa Baturiyar Fim

Shekara takwas ke nan a wannan watan da muka kai Rabi makwancinta a nan Kuala Lumpur. Da ni da ita muka zo ƙasar nan, ni karatun digiri na uku, ita rakiya, ga 'yarmu Ummi a goye, mai sunan mahaifiyar Rabi.

Bincikena a kan fina-finan Amurka ne na lokacin da fim ya fara magana. Akwai wani fim baƙi-da-fari da na addabi gidanmu na Lembah Pantai da shi: yaron otal ya ari kwat ya yi shigar masu kuɗi don ya burge wata mawaƙiya, da an yi magana biyu sai a ɓarke da waƙa da rawa. Rabi kan leƙo daga kicin ta ce, “Abban Ummi, yanzu wannan gwamnati ta turo ka ka karanta? Mutane duk sun rufu a kan tukunyar fure kamar masu jin ɗumi.” Na ce mata makirufo aka ɓoye a ciki, dole su matso. Ta yi dariya har da riƙe ciki.

Damuwarmu ta gaske Ummi ce. Tana shekara shida Hausa ta gagare ta. Tana ji sarai, amma amsa sai da Turanci ko Malayanci. In kakarta Inna ta kira daga Funtuwa, sai ta ture wayar ta ce “Tak nak lah,” wato ba ta so. Rannan Inna ta ce, “Kun tafi min da takwara kun mayar min da ita kurma.” Rabi ta wuni ba ta ci abinci ba. Ni na gwada faɗa, na gwada cin hanci da alewa, duk a banza.

Wata Asabar sai Rabi ta kunna fim ɗin nan nawa, ta kashe muryar gaba ɗaya, ta shiga yi wa 'yan fim ɗin baki da Hausa. Yaron otal ya zama Tanko, mai otal ya zama Alhaji mai mita, wurin waƙa kuwa ta zuba musu waƙoƙin gaɗa, Turawa na tsalle a kai. Mutum ɗaya ta ƙi yi wa baki, mawaƙiyar. Duk sanda Baturiyar ta buɗe baki, sai Rabi ta tsayar da fim ta naɗe hannu ta dubi Ummi.

“Tanko ya ce yana sonta. Me ta ce masa?”

Ummi ta amsa da Turanci. Rabi ta ce Tanko ba ya ji. Makonni aka kwashe ana wannan ja-in-ja, har ranar da yarinyar ta ƙule ta daka tsawa, “Ki ce masa ya cire kwat ɗin mutane!” Ina ɗaki na ji, na fito da gudu ba takalmi. Daga nan bakin Ummi ya buɗe, Baturiyar kuwa ta zama mafaɗaciyar da duk Funtuwa ba irinta.

Bayan shekara uku ciwo ya kwantar da Rabi, Allah ya karɓi abarsa. Na ɗauki waya zan sanar da Inna, murya ta ƙi fita. Ummi ce ta karɓa daga hannuna ta ce, “Inna, sai haƙuri. Mama ta rasu.” Ta zauna tana ba tsohuwa baki, tana yi mata addu'a, ni ina gefe ina kuka.

Yau waya ma tana yi wa fim fassara cikin ƙiftawar ido. Na san da Rabi na nan da ta taɓe baki ta ce muryar ba gishiri. Amma da ta ga 'yarta da ta yi guɗa. Matan ɗalibai sababbin zuwa, daga unguwar Danau Kota har Sri Petaling, Ummi suke nema ta raka su asibiti, ta juya musu Malayancin likita zuwa Hausa. Ina alfahari da ita, ba na ɓoyewa.

Na rubuta kundi guda a kan fim ɗin nan, yana can a laburare yana shan ƙura. Aikin Rabi kuwa ina jin sa kullum a gidana. Makon jiya Inna ta kira ni da ƙara. Ta ce, “Ka ja wa takwarata kunne. Kullum sai ta kira ta titsiye ni a kan shan magani, ba ta barina in saka baki. Surutun uwarta ta kwaso kaf.” Sannan ta ce, “Kar ka hana ta.”

Allah ya jiƙan Rabi'atu, ya haskaka kabarinta.