Ƙunshi Bakwai Daga Rijiyar Kamarawa

Talata: Kamarawa zuwa Isa

Na bar gida ƙarfe biyar da kwata, bayan sallar asuba, da buhu a kafaɗa. Ƙasa ce a ciki, ƙunshi bakwai, kowane daga hawa guda na rijiyar da nake gina. Shekara ashirin ina ginar rijiya, amma a wanga fari na biyu na kai zurfin gaba goma sha huɗu na ci karo da baƙar laka mai tauri. Mu magina, ubanninmu sun koya muna in ka taɓa ta ka fito, ƙasa ta rufe. Yayana Mamman ya riga ya ɗaure kaya, ya ce ran Juma'a zai kwashe iyalinsa su yi kudu, kuma gida shida za su bi shi.

Ban yarda da 'yan boko ba. Aji huɗu na yi, na ga yadda sukan zo da mota su auna mu su tafi. Amma an ce akwai mai binciken ruwan ƙasa a Sabon Birni, ni kuwa dabarata ta ƙare.

Isa zuwa Sabon Birni

Ƙarfe bakwai na hau bayan akori-kura, tare da tumaki masu ƙashi a waje. A shinge ɗan sanda ya kwance ƙunshi uku yana shinshinawa, ya tambaya ko magani ne. Na ce ƙasar garinmu ce, ita kaɗai ta rage muna. Bai yi dariya ba, ya sake ɗaure mani su da hannunsa.

Mun isa sha ɗaya saura kwata. Mutumin, Malam Isiyaku, na girme shi nesa ba kusa ba. Na zuba ido ya raina ni, sai ya durƙusa ya jera ƙunsoshin, ya murza kowane da yawu, ya ce tun da ya zo ba wanda ya kawo mashi aiki mai tsari haka. Bayan mun sha fura ya kai ni gaɓar gulbi inda ruwa ya taɓa zaftare ƙasa. Ga rairayi, ga jar ƙasa, ga baƙar lakata, ƙarƙashinta tsakuwa mai sulɓi. Ya ce in sa hannu. Da danshi.

Ya ce an yi zamanin da ƙanƙara ta rufe arewacin duniya, nan ya bushe fiye da yau. Da ta narke damina ta dawo, gulabe suka shimfiɗa tsakuwar, laka ta zo ta rufe ta.

"Baba, lakar ga murfi ce. Ka huda ta. Amma ka ɗaura igiya a ƙugu, ruwan yana iya taso maka."

"In kuma babu?"

"To ka zo ka zage ni, ina nan."

Laraba da Alhamis: gida

Na kwana zauren wani mahauci, na iso Kamarawa da azahar. Mamman ya ce na tsufa da wauta, amma shi ya riƙe igiyar. Alhamis da la'asar diga ta shige, sanyi ya kama mani idon sawu, kafin a jawo ni ruwa ya kai gwiwa.

Mamman ya leƙa ya daɗe. Sannan ya ce wa matarsa ta kwance tukwane.

Na gode wa Allah, na gode wa Isiyaku. Zagin da na tanadar mashi har yau yana wurina.