Yadda Na Mayar da Kakana Abin Dariyar Kasuwa

Edita, a zamanin da kuɗin fetur suka fara shigowa, ni saurayi ne mai rawar kai, ƙaramin ma'aikaci a sashen wayar da kan jama'a a Kazaure. Aikinmu mu hau mota mu bi kasuwannin Roni da Babura da Gwiwa, muna wasan kwaikwayo a kan takin zamani da allurar shanu. Gaskiya wasan namu lami ne. Motar ake zuwa kallo, kafin mu kai rabi an watse.

Sai Allah ya haɗa mu da wani dattijon Bature ɗan ƙasar Bulgariya. Matarsa likita ce da aka ɗauko aiki, shi kuwa ɗan rakiya ne, ba shi da abin yi sai ban ruwan tumatir a bayan gida. Ashe a ƙasarsu ɗan wasa ne, a kan dandamali da fim ya yi furfura. Da guntun Turancinsa da namu ya shiga koya mana. Abin da ya fi nanatawa shi ne kada ɗan wasa ya ƙago mutum daga iska, ya nemo wanda ya sani ciki da bai, ya ari tafiyarsa da numfashinsa.

Ni kuwa babu wanda na sani kamar kakana na wajen uba, da ke wani ƙauye kusa da Gwiwa. Shi ake kira in shanu sun shiga gona, domin Fulani da manoma duk suna jin maganarsa. Yana da wata ɗabi'a: kafin ya yanke magana sai ya cire hula ya leƙa cikinta, ya yi gyaran murya sau uku, sannan ya ce a bar ruwa ya kwanta tukuna. Tun ina yaro nake kwaikwayonsa a tsakar gida, shi kuma ya ɗaga sanda yana kirana ɓarawon mata, wai na zo ƙwace masa matarsa, wato kakata. Wasan kaka da jika ne, kowa ya san halal ɗina ne.

Ranar da na gwada a gaban Baturen, dariya ya yi har da hawaye. Daga nan ya natsu, ya tambaye ni ko mai wannan hali yana raye. Na ce ya daɗe da rasuwa. Wallahi har yau in na tuna ƙaryar nan sai na ji kunyar kaina.

Wasan ya karɓu fiye da zatona. Na zama Tsoho Mai Hula, wawan dattijo mai gardama da malamin gona, wanda kullum a ƙarshe yake shan kunya. Kafin mota ta tsaya ake ihun a fito da shi. Aka ƙara mini girma, na yi aure, iyali suka fara taruwa. Amma zancen duniya ba ya ɓuya. Fatake suka kai labari gida, waɗanda suka san kakana suka gane shi sarai. Baffana ya aiko mini cewa in ji tsoron Allah in bari. Na so in bari ɗin. Na sauya wa tsohon murya, na jefar da hular, 'yan kallo suka yi mini ature a Babura. Shugabanmu ya kira ni ya ce ba don kyan fuskata ake ba ni albashi ba, in babu hula babu aiki. Na rasa tudun dafawa. Kowace ranar kasuwa sai in shafa farin alli a gemu ina tsanar kaina, in fita a tafa mini.

Da aka sa mu kasuwar Gwiwa na ce zazzaɓi nake yi, ba a saurare ni ba. Ina tsakiyar leƙa hula na hango kakana a gindin tsamiya, ya dogara sanda. Jama'a suka bar kallona suka juya kansa. Bawan Allah, da ya rasa abin yi, sai hannunsa ya tafi kan hularsa kamar yadda ya saba, kasuwa ta kece da dariya. Baturen yana gefen mota. Ya dubi tsohon, ya dube ni, kuma bai sake zuwa wurin koyonmu ba.

Da lokacin girbi ya yi, aka kira kakana rabon faɗa a kan wata gonar wake. Yana yin gyaran murya wani magidanci ya riga shi cewa a bar ruwa ya kwanta, masu faɗan kansu suka fashe da dariya. Daga ranar ba a ƙara kiransa ba.

Na je ba shi haƙuri, ina fatan ya zage ni ko ya ɗaga mini sandar nan. Sai ya sa aka shimfiɗa mini sabuwar tabarma, ya kira ni Malam, ya tambaye ni gajiya da aiki da iyali. Na tsokane shi cewa na zo ɗaukar amaryata, ya ce Allah ya yi albarka. Shekarun da suka rage masa haka muka yi su, ni baƙo, shi mai masauki. Na bar aikin daga baya, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe.

Abin da na gane a makare shi ne, wasan da kaka ya yarje maka amana ce, a cikin gida ya ba ka ita. Masu wannan sana'a tamu, da duk mai bakin ba da dariya, kafin ku ari halin wani ku tambayi kanku inda zai zauna gobe in an tashi daga kallo. Ni yanzu jikokina sun kewaye ni, suna ja mini gemu ina biye musu. Amma nawa kakan ya koma ga Mahaliccinsa yana gaishe ni da ladabi.