Gwangwanin da Kawu Ya Kawo daga Madawa

Kwanan baya, a wajen wani suna a Tawa, wata maƙwabciyata ta fasa gwangwani kusa da ni, wani ƙamshi mai zaƙi ya bugi hancina. Ban san lokacin da na ajiye cokali ba. Ka san ƙamshi ba ya sallama. Kafin in ankara ya mayar da ni gidanmu na ƙauye, a gindin duwatsun ƙasar Buza, ina 'yar shekara tara.

A shekarar nan agana ta ratsa garinmu. Ta tafi da waɗanda ta tafi da su, ni kuwa ta ƙyale ni da raina, amma ta bar mini zanzana tun daga goshi har haɓa. Ranar da na fara tashi da ƙafata na leƙa cikin randa, na ga fuskar da ban sani ba. Daga nan na daina zuwa rijiya, na daina fita dandali. Na samo wani tsohon kallabin innata ina rufe fuska har hanci. In faɗi gaskiya, babu wanda ya yi mini dariya. Kallon tausayi ne ya fi ƙona mini rai. Damina ta wuce, aka yi girbi, rumbunan laka suka cika da hatsi, ni ina kuryar ɗaki.

Kakata, wadda ta haifi innata, tare muke zaune da ita, kuma ita ce mai tatsuniyar unguwarmu. Da rana takan zauna a rumfa tana gurzar auduga. Ba ta taɓa ce mini in cire kallabin ba. Kirana kawai take yi in zo in tsince mata angurya, mu zauna tare, ƙarfen gurza yana ƙara a kan dutse.

Da sanyi ya shigo, kawuna ya zo ganin gida. Kuku ne a gidan wani annasara a Madawa. Ya sauko daga kamiyo, babbar motar kasuwa, da sabulu da sukari da wani gwangwani mai hoton ɗan itace, gefe ɗaya rawaya, gefe ɗaya ja kamar an mare shi. Kakata ta juya shi a hannu ta ce, “Mi ne ne wanga?”

Kawu ya ce, “Annasara na ce mashi pesh, Inna.”

Ta gwada faɗa, bakinta ya ba ta feshi. Gidan ya ɗauka da dariya. Ta ce to, feshin ruwa dai ta sani, yau kuma ga feshin ci.

Kawu ya fasa da wuƙa. A ciki akwai ɓari-ɓari masu launin gwaiduwar ƙwai, suna iyo cikin ruwa mai kauri, kowane ɓari da ɗan rami a tsakiyarsa inda aka cire ƙwallo. Kakata ta karɓi rabo. Ta ɗebo ɓari guda a ludayi, ta tsallake manya da ƙanana, ta miƙo mini. Ba yadda za a ci da kallabi a baki, dole na sassauta shi.

“Duba nan, ƙawa,” in ji ta, don haka take kirana. “Ina zaƙin ya taru?”

Na duba. Ruwan ya kwanta a cikin ramin, rami irin na fuskata. Ta ci gaba da rabo. Na kai bakina. Ya fi mangwaro laushi, yana narkewa tun kafin haƙori ya taɓa shi.

Washegari da hantsi ta yi abin da ba ta taɓa yi ba: ta tara 'yan matan unguwa a rumfa za ta ba da tatsuniya da rana tsaka. Innata ta tuna mata cewa ba a yin haka. Ta ce, “Wagga ba tatsuniya ba ta, labarin feshi na, kuma shi bai son duhu.”

Ta ce a wata ƙasa mai sanyi an yi wata yarinya da ƙanƙara ta faɗo ta sassare mata fuska. Ta shige lambun ubanta ta ja ƙofar darni, ba ta kula kowa sai wata itaciya da ba ta taɓa yin 'ya'ya ba. Kullum ta ba ta ruwa, ta yi mata waƙa. Shekara na zagayowa itaciyar ta yi 'ya'ya masu jan kumatu. Ɗaya ya faɗo bayan darni, wani makiyayi ya tsinta ya ci, ya rantse ba zai bi shanunsa ba sai ya ga mai lambun. Ya zo ƙofa ya yi sallama sau uku.

A nan kakata ta tsaya, ta ɗauki audugarta. “Daga nan na mance, tsuhwa ta yi man yawa. Wadda ta hwara cin feshi ita ka sanin ƙarshe.”

Duk suka juyo gare ni. Na yi ƙunƙuni a cikin kallabi, suka ce ba su ji ba. Na sake, suka ce har yanzu. Haushi ya kama ni, na fizge shi ƙasa. Na ce yarinyar ta buɗe ƙofa da hannunta, ta gaya wa makiyayin itaciyar tata ce, in yana son 'ya'yan sai ya ja mata ruwa guga ɗari, ya kuma kawo nonon farar saniyarsa. Suka bushe da dariya. Wata ta tambaya ko ya ga fuskarta. Na ce ya gani sarai, ya ce yanzu ya gane inda 'ya'yan itacen suka samo kumatunsu. Ban san daga ina maganar ta zo mini ba. Kakata ba ta ɗago kai ba, amma ina ganin kafaɗunta suna rawa.

Da la'asar 'yan matan suka biyo mini da tuluna, wai in ƙarasa musu bikin auren a hanyar rijiya. Na ɗauki nawa tulun na bi su. Labarin ya yi ta tsawo har bazara. Kafin a jima samarin garinmu sun koma kiran duk yarinyar da ta kwanta musu a rai feshi, alhali babu wanda ya taɓa ganin itaciyar a cikinsu. Ni ma, bayan 'yan shekaru, wani makiyayi daga wajen Alakai ya kira ni feshi a bakin rijiya, yana kallon fuskata ido da ido. Shi ne uban 'ya'yana.

Ba da daɗewa ba masu lambar rigakafi suka zo da motocinsu, aka yi wa kowa a dantse, agana ta tafi ba ta dawo ba. Yanzu rumfunan gurza sun watse, yara sun fi sauraren waya a kan tsofaffi, kuma nakan yi kewar wancan zama. Amma jikokina ba su ma san sunan cutar ba. Rannan ƙaramarsu ta hau cinyata tana bin ramukan fuskata da ɗan yatsa, ta ce, “Kaka, in na girma ni ma za su hito mini?” Na ce a'a, naku zamanin ba a samunsu. Ta turo baki, ta wuni ba ta yi mini magana ba.