Likkafanin Inna da Rufin Gidan Haya

A shekarun farko na mulkin soja muna haya a wani gidan ƙasa a Umdurman, ni da matata da mahaifiyata, wadda muke kira Inna. Ƙa'idar haya a unguwar sananniya ce: kafin damina mai gida zai sa a shafe rufi da bango da zibala, wato kashin dabbobi da ake kwaɓawa da ƙasa. A shekarar na tuna masa tun da wuri, ya ce zai turo ma'aikata, bai turo ba. Ruwan farko ya ratsa ɗakin Inna, na biyu ya karya azara, rufin ya zubo. Allah ya sa tana tsakar gida.

Ni mutum ne mai son abu bi da bi. Na ce kada kowa ya taɓa komai. Da farko mai gida ya gani da idonsa, sannan kwamitin unguwa, sannan a yi shara. Haka muka bar gado a karye, katifa cikin laka, na fita neman mai gida.

Da na dawo sai na tarar da farin yadi a kan igiya. Likkafanin Inna ne. Ita da mahaifina suka tsoma shi a ruwan Zamzam shekarar da suka yi Hajji, shi kuma a can ya rasu. Akwatin da take ajiye shi ya fashe, laka ta shige shi. Ta kasa ganinsa haka, ta wanke shi da sabulu da ruwan famfo. Na fara faɗa, sai na dubi yadin, na fasa.

Aka zauna da dattawan kwamiti a ƙofar gida. Gado da katifa da akwati, mai gida bai yi musu ba, ya ce zai biya. Da aka zo kan likkafani ya ɗaga shi a rana, ya juya, ya ce bai ga yagewa ba, bai ga tabo ba, ina asarar? Ba da mugunta ya faɗa ba. Wani dattijo ya tambaya ko akwai wanda ya ga an tsoma shi a Zamzam. Babu. Na ce a sa ta rantse, Inna ta ce ba za ta ɗauki Alƙur'ani a kan yadi ba.

Sai ta dubi mai gida. “Ya waladi, ɗana, abin da ya tafi ba a ganinsa. Wanda ya riƙe ɗayan gefen muka matse shi tare, yana kwance a Makka. Shaidata ke nan.”

Mai gida ya naɗe yadin da kansa, ya miƙa mata da hannu biyu. Ya ce, “Hajja, ki yafe mini.” Dattawa suka tashi ba su yanke hukunci a kan wannan ba, ni kuwa na ɗauka mun faɗi.

Washegari da hantsi mai gida ya zo da jarka ƙarama a naɗe cikin buhu. Zamzam ne, wanda tsohuwarsa ta ajiye don ranar wankan gawarta, ta ce a raba biyu. Matata ta kawo tasa mai tsabta. Inna ta tsoma yadin a hankali har ya jiƙu ko'ina, sannan ta ce in kama ɗayan gefen. Muka matse tare, ta shanya shi a inuwa.

Na tambaye ta ko ya koma yadda yake. Ta ce a'a, amma ya isa. A cikinsa muka sa ta bayan wasu shekaru.