Rufin Kwano da Takin Alhaji

Malamin da ke koya mana karatu a ajin yaƙi da jahilci yana biyan bashin gida. Banki ne ya ba shi kuɗi ya yi gini a Tasawa, kuma duk wata ana cire wani abu daga albashinsa tun kafin ya gan shi. Wata rana ya ce mana ya zauna ya yi lissafi, ya ga kafin ya gama biya kamar ya sayi gidan sau biyu ne. Ya ce mu mutanen ƙauye mun huta, tun da bashinmu ba ya haihuwa. Ƴan aji suka ce ƙwarai kuwa. Ni ma na ce ƙwarai, domin nawa bashin bai taɓa haihuwa ba. Abin da na karɓa shi na mayar, ko dala ba a ƙara mini ba.

Lokacin da na yi aure gyaɗa tana kuɗi. Na je ci-rani Najeriya, na ga ɗakunan kwano, na dawo da su a raina. Bukkar da muke ciki, in an yi ruwa mai ƙarfi sai mun jera ƙorai a ƙasa muna tara. Na buga tubali, na tada ɗaki biyu a ƙauyenmu, nan kusa da Urafane. Gini na kaiwa wurin rufi, kuɗi suka ƙare.

Akwai wani Alhaji a garinmu, abokin marigayi babana ne, yana sayen hatsi da gyaɗa. Baba nake ce masa. Na je na faɗa masa matsalata. Ya ce, "Ɗana, kuɗin ruwa haramun ne, ni ba na cin su. Ka jinginar mini da gonar babanka in riƙa nomawa. Ranar da ka kawo kuɗina, ranar za ka karɓi abarka."

Gonar nan ita ce babbar gonarmu, mai itatuwan gawo, wadda ta ciyar da gidanmu tun kaka. Ina da wata ƴar ƙarama a jigawa. Na ce a raina damina biyu na gyaɗa sun isa in fanshi babbar. Muka je gaban mai gari, ya yi shaida, aka shafa fatiha. Alhaji ya ƙirga mini kuɗi, na tafi Tasawa na sayo kwano da ƙusa, aka ɗoro su a amalanke. Ranar da aka rufe ɗakin, mutane har daga ƙauyen gaba suka zo kallo. Da rana ta haska shi, daga rijiya ana hango shi yana walƙiya.

Saboda ruwan sama na yi rufin nan. Daminar da ta biyo, ruwan ya ɗauke. Ta bayanta ma haka. Aka shiga babban farin nan da soja suka karɓi mulki a cikinsa. Gyaɗa ta mutu, ba ta sake tashi a ƙasarmu kamar da ba. Muna bin layin jar dawar taimako, soja na tsaye da bulala, in na dawo in hangi kwanona yana ƙyalli kamar gidan mai hali. Wani sojan ma ya tambaya ko mai ɗakin can yana cikin mabukata.

Da bazara kuwa ɗakin ba ya shiguwa. Matata ta kwashe tabarmarta ta koma tsohuwar bukka. Ta ce, "Malam, ka zauna cikin tanderunka kai kaɗai. In ka nuna ka kira ni in sauke ka." Ɗakin kwano ya zama wurin ajiye kalmen noma da igiyar awaki.

Na koma ci-rani. Na yi ga-ruwa, na yi dako, shekara bayan shekara, har kuɗin suka cika. Na ɗinke su cikin ƙugun wando na dawo gida bayan kaka. Washegari na je wurin Alhaji. Ya yi murna da gaske, ya sa aka dama mini fura, ya yi ta sa mini albarka. Sai ya ce mu taka zuwa gonar in ga yadda take.

Muna zuwa na tarar da shanu kwance cikinta, Fulani sun kafa rugga a gindin gawo.

Alhaji ya ce, "Ka ga yadda nake kula maka da ita? Hatsi nake ba su da kanwa don su kwana nan. Gonar abokina ba za ta mutu a hannuna ba."

Na yi godiya, na ce ga kuɗin na kawo. Ya ce ai kuwa sai mu je wurin mai gari. Mai gari ya saurare mu, ya ce abin da kowa ya sani a ƙasarmu, wanda ni ma na sani amma ban tuna da shi ba ranar shafa fatiha: wanda ya zuba taki a gona ba a karɓe ta daga hannunsa sai ya ci takinsa, damina biyu ko uku, har ƙarfin takin ya mutu. Ba zalunci ba ne. Haka aka gada, kuma da ni ne na zuba, haka zan so a yi mini.

Na ce to Baba ya riƙe kuɗin, in lokaci ya yi in karɓi gona. Ya ɗaga hannu biyu ya ce, "A'a, ɗana. In riƙe kuɗinka, in riƙe gonarka? Me zan ce wa babanka gobe ƙiyama? Tafi da abinka ka ajiye."

Na tafi da abina na ajiye. Kuɗi a gidan da rumbu ya ƙare ba su san ajiya ba. Ƴar gonar jigawa ba ta kai mu ko tsakiyar rani. Aka yi suna, aka yi jinya, bazara ta zo. Na fara warware ɗinkin wandon kaɗan-kaɗan ina sayen hatsi. Wurin wa? Wurin Alhaji, don shi kaɗai ke da shi a gari. In matata ta zuba a turmi sai ta ce, "Wannan geron ya san hanyar gidan nan. Ka gaishe shi mana, ɗan'uwanka ne." Gaskiyarta. Irin geron babana ne, zango mai dogon kai, ko a duhu na san shi.

Da damina, in na gama ƴar gonata, nakan shiga ƙwadago. Alhaji ya fi son ya ɗauke ni, ya ce ba wanda ke nome gonar nan da zuciya ɗaya kamata. Yana biyana da yamma ba jinkiri. Gonar kuwa ta yi kyan da ba ta taɓa yi ba ko zamanin babana. Mutane su wuce su ce, "Kai, gonarka ta yi bana!" In ce alhamdu lillahi. Da kaka ina cikin masu ɗaure dammuna, ina cikin masu kai su rumbun Alhaji.

Takin ya mutu lokacin da kuɗin suka riga suka mutu. Na sake komawa ci-rani na sake tarawa. Wannan karon ban gaya wa kowa ranar dawowata ba. Na sauka daga mota a Urafane ranar kasuwa, na biyo ta gona tun kafin in shiga gida. Shanu na ciki.

Mai shanun wani dattijon Bafulatani ne da muka saba, muna wasa da juna. Yana ganina ya washe baki ya ce, "Kaɗo, ka dawo? Ka yi ƙiba. Wandon nan naka ma ya yi nauyi a ƙugu."

Na ce, "Kai da duk faɗin dajin Allah, ba ka ga wurin kwana ba sai nan?"

Ya ce, "Ni ina ruwana. Alhaji ya aiko mini tun da kaka, ya ce ƴan ci-rani sun kusa dawowa, in zo in sauka. Shanuna ma sun gane. In sun ji an ce kana hanya, da kansu suke miƙowa nan."

Na ce ya taimake ni ya tashi tun takin bai yi yawa ba. Ya ce me zan ba shi? Alhaji hatsi yake bayarwa. Ya dubi wajen gari inda ɗakina ke walƙiya ya ce, "Kai kuma kwano gare ka. Na gwada su da shi, ba su ci."

Muka yi dariya tare. Ya ba ni nono na sha, a gonata, ina baƙo.

Ban je wurin mai gari ba wannan karon, na san amsar. Na je na gai da Alhaji, ya sa mini albarka. Ban taɓa jin ya ɗaga mini murya ba, ni ma ban taɓa ɗaga masa ba. Ɗiyata ta fari, wadda aka haifa shekarar da aka yi rufin, ta girma har tana kai mini fura gona, tana tsammanin gonar ta Alhaji ce tun asali.

Sai fari na biyu ya zo, har yanzu soja ke mulki. Wannan ya fi cin dabbobi. Shanu suka yi ta faɗuwa a bakin rijiyoyi, Fulanin da suka rage suka kora abin da ya saura suka yi kudu. Dattijon nan ya zo ya yi mini sallama da ƴan shanun da ba su kai a kira su garke ba, bai yi mini wasa ba, ni ma ban yi masa ba. Rani ya wuce ba saniya ko ɗaya da ta kwana a gonar. Wani ranin ma haka. Takin ƙarshe ya ci lokacinsa, ba sabo a kansa. Karo na farko ke nan da ƙofa ta buɗe, ni kuwa ko kuɗin tiya guda ba ni da su, don ci-ranin ma ya lalace.

Muna zaune da hantsi a inuwar bukka na gaya wa matata haka. Ta ce, "Kuɗin Alhaji ai suna nan. Ba su taɓa barin gidan nan ba."

Na ce ina?

Ta nuna sama da muciya. "Ga su can suna tsatsa. Ka sauke su ka mayar masa. In ka tsaya sai shanu sun dawo, jikokinka ma ƙwadago za su yi a gonar nan."

Na ce mutane za su ce me, mai ɗakin kwano ya kware ɗakinsa? Ta ce, "Za su ce awaki sun rasa wurin ajiye igiya."

Na kwana biyu ina kewaya ɗakin. Sannan na hau na fara cire ƙusa. A nan ne rashin haihuwar bashin ya yi mini rana: kuɗin da ake bina suna nan yadda suke tun farko, kwano kuwa ya yi tsada cikin shekarun nan. Duk da tsatsa, duk da cewa masu saye sun san yunwa ce ke sa a kware ɗaki, abin da aka ba ni a kasuwar Tasawa ya kusa kaiwa. Matata ta cika da tasoshinta na aure da akuyarta guda da ta tsira. Ban biya ta gida ba. Daga kan amalanke na wuce ƙofar mai gari, na ce a kira Baba.

Alhaji ya zo. Mai gari ya tambaye shi ko akwai takinsa a gonar da bai ci ba. Ya dubi kudu inda shanu suka tafi, ya ce babu. Ya ƙirga kuɗin a hankali, ya juyo wurin mutanen da suka taru ya ce, "Ku shaida. Shekara nawa kuɗina na hannun yaron nan, ko dala ban ƙara masa ba." Suka ce sun shaida. Ni ma na shaida, na yi masa godiya, aka shafa fatiha.

Daminar da ta biyo ruwa ya dawo, irin wanda na yi rufin dominsa. Ya sauka cikin ɗakunan nan biyu da ba rufi, ya jiƙa bango har ɗaya ya zauna. Mu kuwa muna cikin bukka mun jera ƙorai a ƙasa. Matata ta ce ko banza yanzu ba tasoshin da za su yi mana ƙara.

Da kaka na ɗaure dammunan gonar kamar yadda na saba ɗaurewa kowace shekara, sai dai amalanken ya juya wajen gidana. Rumbuna bai ɗauke su ba, sai da na yi wani. Ina tsaye ina kallon rumbunan nan biyu na fara gane kuɗin kwanon. Kwatankwacin wannan ne, ko ƙasa da shi a shekarun fari, kowace kaka tun daga haihuwar ɗiyata har ta isa kai fura gona. A lokacin ban iya lissafin sau ba. Yanzu malam ya koya mana, na gwada sau ɗaya a allo, na goge tun kafin ya zo dubawa.

Ranar da muke kwasar dammunan ƙarshe Alhaji ya biyo ta gonar a kan jakinsa. Ya tsufa, yana tafe a hankali. Ya sauko daga jakin, ya dubi karan da ke tsaye, ya ɗebi ƙasa ya murza a hannu, ya ce, "Ka ga amfanin taki, ɗana? Da a hannunka take duk shekarun nan, da ba ta yi haka ba."

Na ce gaskiya ne, Baba. Na ce ya ɗauki dami guda na albarka. Ya zagaya su duka, ya ɗaga wannan ya ajiye, ya ɗaga wancan, ya zaɓi wanda ya fi nauyi. Ni na ɗora masa.