Ƙusoshin Tanti Aglaia

Bakwai saura kwata, ko ana ruwa ko ana ƙanƙara, za ka ji kukan ƙyauren gidan tanti Aglaia Bostan (tanti a wurinmu inna ke nan). Rabin mutanen garinmu Lunca Rece ba sa duba agogo, ita suke dubawa. Takalmin roba har gwiwa, kallabi ɗaure a haɓa, sai ta bi bayan coci ta gangara gada. A jikin ƙafar gadar akwai dogon allo mai zane baƙi da fari. Ta duƙa ta karanta inda ruwa ya tsaya, ta dawo ta buga waya ofishin ruwa da ke birnin Bacău ta faɗa musu. Biyar na yamma ta sake. Shekara talatin da takwas ke nan. Ranar auren 'yarta ma da kayan biki ta gangara, ta bar makaɗa riƙe da goge suna jiranta.

Iyakar aikin da hukuma ta ɗauke ta ke nan. Sauran ita ta ƙara wa kanta.

Garinmu a kwari yake, tsauni hagu tsauni dama, kowanne da rafinsa, su haɗe kafin gada. Ita da launi take gane su. In ruwan ya yi duhu, na dama ne, inda daji yake nan daram, kuma a hankali yake zuwa. In ya yi ja, na hagu ne, inda aka sare itatuwa aka sayar da katako, wannan ba ya sallama. Duk shekarar da rafi ya haura fadama kuwa, da zarar ya janye, sai ta ɗauki guduma ta nufi tsohuwar bishiyar da ke tsakiyar filin, ta buga ƙusa daidai inda laka ta tsaya, ta ɗaura mata zaren ulu. Ba wanda ya sa ta. Har dariya ake mata.

To, ga abin da ya sa na ɗauki biro. Samarinmu sun watse Italiya da Sifaniya, mu da muka rage da nonon shanu da na tumaki muke rayuwa. Motar masu saye sai bayan kwana biyu take zuwa, da zafi kuwa kafin ta iso madara ta yi tsami, sai aladu su sha. Da aka ce majalisar gunduma ta amince a gina mana ɗakin sanyaya madara, har limamin coci sai da ya taka rawa. Sau ɗaya ake samun irin wannan. In ya lalace, ba za a sake ba.

Shugaban ƙaramar hukumarmu, nea Costache Dârlea (nea kamar a ce kawu ne), gajere ne mai son doguwar hula, ga zaɓe ya ƙarato. Ya ce a fadama za a gina: fili shimfiɗe, bakin titi, kowa ya wuce ya gani. Ya tara kansiloli goma sha ɗaya, ga injiniya daga birni ya baza taswira a tebur. Tanti Aglaia na can baya kan benci. Kuma ku sani, nea Costache ne ya riƙe jikanta ranar baftisma. A wurinmu wannan dangantaka ce mai nauyi, ba ka ƙaryata irin wannan mutum a gaban jama'a. Ta daɗe tana murza bakin kallabinta kafin ta miƙe.

Ta ce, "Nea Costache, madarar za ku sanyaya ko wanka za ku yi mata?"

Aka kwashe da dariya. Ya ce, "Aglaia, zauna. Ga mai karatu ya ce ruwa ba ya kaiwa can."

Injiniya ya buga yatsa a takarda. "Tanti, taswira ce ta faɗa, ba ni ba."

"Taswirar nan, ɗana, lokacin da aka zana ta tsaunin hagu yana da gashi. Yanzu ya fi kan nea Costache sanƙo. Ku sa takalma ku biyo ni. In na ɓata muku lokaci, ni zan dafa muku tuwon masara da cuku, duk ku goma sha uku."

Cukun ne ya tashe su, na rantse. Suka bi ta a jere har gindin bishiyar. Ƙusa tara a jikinta, kowacce da zarenta. Ta ce, "Nea Costache, jingina nan." Ya jingina yana gyara kwat. Ƙusa biyar suka tsaya masa a gwiwa da ƙugu, uku a ƙirji. Ta tara, mai jan zare, tana sama da hularsa da ɗani guda.

Wani kansila ya ce, "Ai laifin shugaba ne, shi ya ƙi tsawo."

Injiniya ya yi murmushi. "Tanti, itace girma yake yi. Shi ya ɗaga ƙusoshin."

"Ka taɓa ɗaure igiyar shanya a itace? Ta taɓa hawa ta bar ka? Daga sama itace yake ƙara tsawo, ɗana. Ƙusa inda aka buga ta, nan take."

Yaron kirki ne. Ya cire tabarau ya goge, ya auna ƙusa ta tara da abin awonsa, ya naɗe taswira. Aka kaɗa ƙuri'a, bakwai da huɗu, aka mai da ginin tudun bayan coci.

Kada ku ɗauka an gode mata. Nea Costache ya yi wata biyar ba ya amsa gaisuwarta, bikin Ista ya zo ko jan ƙwan da aka saba rinawa bai aika wa jikan ba. Mata na hawan tudu da garewani suna haki suna yi mata tsiya: "Tanti, yaushe ambaliyar taki za ta iso? Ko ita ma ta tafi Italiya?" Ta ce musu biza take jira.

Shekara ta uku, cikin watan Yuni, da tsakar rana, ta leƙa gada ta ga ruwa ja wur. Ba ta jira biyar ba. Ta buga waya birni, ta sa aka kaɗa ƙararrawar coci, makiyaya suka kora tumaki sama. Kafin la'asar fadama ta zama teku, reshen bishiyar nan kawai ake hange. Mu kuwa muna tsaye a tudu, ɗakin madara na bayanmu yana ta gurnaninsa, ko ɗigo bai taɓa shi ba. Da ɗan jarida ya zo, nea Costache ya ce hangen nesansa ne. Aka kai mata gulma. Ta ce, "Ku bar shi. Ai shi ya jingina da bishiyar."

Ke ce, tanti Aglaia, kika san garin nan fiye da takardunsa. Ke ce kika zaɓi fushin dangi a kan asarar gari, kika haɗiye tsiyar shekara biyu ba ki rama da komai ba sai raha. Uwar gada, idon kwari. Na tuƙa babbar mota na ga ƙasashe, na ga manya masu lambobi a ƙirji, ban ga wanda ya riƙe ƙaramin aiki da girma kamarki ba. Mun gode.

Makon jiya ta yi ritaya. An liƙa wata na'ura a gada, ita ke aika lamba birni da kanta. A wurin walima nea Costache ya miƙa mata takardar yabo, ita kuma ta zaro gudumarta da gwangwanin ƙusa ta danƙa masa. Ya ce, "In laka ta wuce tsayina fa?" Ta ce, "Ka hau kujerar ofis, ai ba ka rasa ta ba."

Ku samarinmu masu dawowa da niyyar gini, kafin ku haƙa tushe, ku je ku jingina da bishiyar nan. Kowa kuma ya nemi ƙusar da zai buga a nasa aikin, ko ba a sa shi ba. Na'urar dai tana aiki. Amma jiya bakwai saura kwata na ji kukan ƙyauren nan, na leƙa, na ce, "Tanti, ina zuwa?" Ta ce, "Zan duba ko tana ƙarya."