Wayar da Na Binne a Buhun Shinkafa

Ƙarar waya ce a cikin kwanon silba. Maigidana kan jefa ta a ciki idan zai shiga wanka, don ko girgiza kawai ta yi, kwanon zai ɗauka ya sanar da duk gidan. Da safiyar ranar saukar Alƙur'ani ta babbar 'yarmu ina tsaye ina goge mata hijabi na ji kwanon ya fara rawa.

Waya biyu gare shi. Ƙaramar tamu ce, ta gida da dangi. Babbar ta Oga ce, mawaƙin da yake wa aiki, wanda ko adaidaita sahu ka shiga sai ka ji muryarsa. Lokacin da aka kawo ni gidanmu na Kwaciri, maigidana yana ɗaukar hoton fasfo ne a shagon wani dattijo Bayarabe a Sabon Gari. Can Oga ya same shi, da hular aro a kansa, yana son hoton da zai sa a bayan faifansa na farko. Hoton ya yi kyau, faifan ya karɓu, shi ke nan ya janye min miji. Ya zama mai ɗaukar hotonsa, ya zama mai amsa masa kira, mai sanin wace riga ce ta dawo daga wajen mai guga, mai tuna masa shan magani. Sun je Yamai, sun je Kumasi, har Umara tare suka yi. A wajen biki za ka gan shi gaban Oga yana tafiya da baya, kyamara a fuska, idon hagu a rufe. A gida ma haka yaranmu suka san shi ranar salla, ido ɗaya a rufe, yana cewa su matso.

Ba na raina aikin, da shi muke ci, kuma Oga bai taɓa wulaƙanta mu ba. Amma ranar sunan autanmu ana tsaka da fiɗar rago wayar nan ta yi ƙara, ya wanke hannu ya fita, sai bayan kwana uku ya dawo. Wannan karon ya ce Oga ya ba shi hutu har azahar. Yarinyar kuwa sati biyu tana tambayata, “Umma, Abba zai zauna har a zo kaina?”

Kwanon ya yi shiru, ya sake ɗauka. Na ji ana zuba ruwa a banɗaki. Ban san lokacin da na ɗauki wayar ba. Na naɗe ta a tsohon ɗankwali, na shiga sito, na tura ta cikin buhun shinkafa har gwiwar hannuna. Ina fitowa na fara istigfari, amma ban koma na ciro ta ba.

Ya fito yana goge kunne. “Maman yara, ina wayar Oga?”

“Ina ka ajiye ta?” na ce, idona a kan guga. Har yau tambayar nan tana damuna, don ƙanwar ƙarya ce.

Ya ɗaga katifa, ya zazzage jaka, ya leƙa ƙarƙashin kujera. Ya kira ta da ƙaramar wayar, muka yi tsit. Shinkafa ta rufa min asiri. Lambar Oga kuwa, duk shekarun nan bai taɓa haddace ta ba. Yarinyar na bakin ƙofa da allonta, tana ta kallon agogo. Daga ƙarshe ya rataya kyamara ya ce mu tafi. Sai da muka zauna a harabar Islamiyya ya gano cewa garin neman waya ya baro batirin kyamarar a jikin soket.

Daga rumfar mata ina hango shi. Ya shafa aljihu, ya shafa ɗayan, ya tashi, ya zauna. Ya harari yaron da makaranta ta ɗauko don hoto, wai ya tsaya rana na gabansa. Ni ma ban zauna lafiya ba. In Oga ba shi da lafiya fa? In tafiya ce ta taso aka ɗauki wani a madadinsa? Kunun aya da aka miƙo min ma a hannu ya yi ɗumi.

Da aka kira sunan 'yarmu ta fito ta durƙusa gaban malam, ta fara Fatiha. Na ga maigidana ya ɗaga kyamarar da ba ta da rai har fuska, sannan ya sauke ta kan cinya. Bai sake shafa aljihu ba har ta kai aya ta biyar a Baƙara.

Muna komawa gida na shiga sito na tono wayar na miƙa masa, da ƙwayar shinkafa maƙale a ɗankwalin. Na ce, “Ni ce. Ka yafe min.”

Ya karɓa, sannan ya kira Oga. Ina jin muryar Oga daga inda nake: “Kai, tun safe nake nemanka. Ina ka sa hular nan ruwan toka?”

“Tana bayan mota, Oga, cikin leda.”

Ya kashe, ya hure wayar. Bai yi dariya ba, bai yi faɗa ba. Ya ce, “Kada ki sake. Wata rana ba hula ba ce.” Na ce to. Ya sa wa kyamara batirinta, ya ci waina biyu a tsaye ya fita, don azahar ta yi.

Na zauna a tabarma ina ninke hijabin, zuciyata ta ƙi tsayawa wuri ɗaya, ban san ko na yi daidai ba. Yarinyar ta jingina allonta da bango ta zo ta kwanta a cinyata.

“Umma,” ta ce, “yau da ido biyu Abba ya kalle ni.”